Bahago, Ina Kake?

Duk wanda kwamfutarsa ta taɓa cijewa a cikin birnin Zariya, in ya tambayi mutum biyu, na uku zai ce masa ya nufi wajen Zulkiflu Bahago, a wani lungu kusa da Ƙofar Gayan. Shagon nasa zauren gidansu ne na gado, mai kaurin bango da sanyi kamar randa. Shi kuwa mai shagon gajere ne, maganarsa sai an roƙa, yana riƙe sukundireba da hagu, amma in za ka ba shi abu sai ya ajiye ta ya karɓa da dama. Wannan ladabin da duka aka koya masa shi, bai kuwa manta ba.

A saman kantar da ke ƙuryar zauren akwai wata tsohuwar kwamfuta lulluɓe da zani. Ita kaɗai ce Zulkiflu ba ya taɓawa. Ta yayansa Kabir ce, kuma tun ranar da aka kai Kabir makwancinsa ba a sake kunna ta ba. A cikin faifanta na ajiya akwai ɗaukar wani wasan kwamfuta guda da Kabir ya buga, wanda shi ne kaɗai abin da ya rage a duniya da ke nuna motsin marigayin. Zulkiflu ya san halin tsohon faifai sarai: in ya daɗe a kwance, wani lokaci juyi ɗaya ya rage masa, daga nan sai ƙaf ƙaf, shi ke nan. Muddin ba a kunna ba, Kabir na ciki. Mutumin da ke farke cikin kwamfutocin jama'a ba ko gezau, ga shi yana tsoron tasa. Wanzami dai ba ya son jarfa.

Wannan zaure ya ga zamani iri-iri. A da, mahaifinsu Malam Yari ne ke zaune a cikinsa da masu koyon ɗinki, suna zuba aska takwas a ƙirjin manyan riguna. Jere suke zama a tabarma, kafaɗa da kafaɗa, kowa na jan zare zuwa dama. Da aka zaunar da Zulkiflu cikinsu, sai ya ja nasa zuwa hagu, gwiwar hannunsa ta riƙa dukan na kusa da shi. Malam Yari ya mayar masa da allura dama. Ta koma hagu. Aka sa tsumagiya. A cikin gida ma haka, in ya kai hagu cikin akushi sai ya ji muciya a bayan hannu. Cin abinci da gaisuwa sun gyaru, amma allura ta ce ba da ita ba, ɗinkinsa na dama ya riƙa fitowa kamar sawun kaza. Ƙarshe tsohon ya girgiza kai ya ce, "Wannan sai dai Allah ya yi masa tasa hanyar." Yaron ya tashi da sanin cewa shi abu ne da aka kasa gyarawa, abin kuwa ya ci masa rai ba kaɗan ba.

Bayan rasuwar Malam Yari masu koyon ɗinki suka watse. Kabir, wanda shi kansa bai gaji allura ba sai surutu da son sabon abu, ya kwaso kwamfutoci shida na gwanjo, 'yan Beljiyam, ya jera su a zauren, ya haɗa su da waya, don samari su riƙa wasan harbi. Dattawan unguwa suka yi ta salati. Zauren da aka ɗinka rigunan manya, yau ƙarar bindiga ke fita daga cikinsa! Wasan na ƙungiya biyu ne, waɗansu su dasa bam, waɗansu su hana, samarin birni suka sa masa suna 'Yan Sanda da Ɓarayi. Da an kira salla Kabir ke kashe janareto ya kora kowa masallaci, wannan ne ya sa dattawan suka kau da kai.

Wani abokin Kabir a Wusasa ne ya nuna masa cewa wasan yana da ƙofar baya. Masu ƙera shi sun bar wani fili da ake rubuta masa umarni kai tsaye, sunansa konsol, amma a rufe yake zuwa. Sai ka je kan tambarin wasan ka ƙara masa kalma ɗaya a ƙarshen adireshinsa, sannan in ka shiga ka danna wani ɗan maɓalli a can ƙuryar hagu ta sama, wanda ba wanda ya san amfaninsa. Kabir ya dawo gida da zumuɗi, ya danna, shiru. Ya danna har ya gaji. Ashe kwamfutocin da Faransanci suke karanta kibod, haruffan ma a hargitse suke. Sai da ya mayar da su Turanci, sannan wani fili mai duhu ya sauko ya rufe rabin fuskar kwamfutar, ɗan layi yana ƙyafta ido yana jiran umarni. Yara suka ce baƙin allo. Wasu suka rantse Kabir rubutun sha yake yi wa wasan, shi ya sa ba a cin sa.

A nan ne fa aka yi abin da Zulkiflu ba zai manta ba. Shi da hagu yake riƙe mawus, wato linzamin kwamfuta, amma bindigar da ke cikin wasan a dama take, kamar ta kowa. Kullum harbinsa na kaucewa, kullum shi ake fara kashewa, samari na yi masa dariya. Wata rana da la'asar Kabir ya tsaya a bayansa yana kallo, can ya ce, "Matsa." Ya sauko da baƙin allo, ya rubuta 'yar gajeriyar kalma da sifili a gabanta, ya danna. Bindiga ta yi tsalle ta koma hannun hagu.

"To ga ta nan," in ji Kabir. "Yanzu kuma in aka kashe ka, wa za ka ɗora wa?"

Zulkiflu ya ƙura wa bindigar ido. Tun da aka haife shi, shi ake lanƙwasawa ya dace da abu. Ranar ce ta farko da aka lanƙwasa abu ya dace da shi. Ya yi murna irin wadda ke sa mutum jin kunya, ya sunkuyar da kai kamar yana duba waya a ƙarƙashin tebur.

Baƙin allon yana da amfani da yawa. Da shi Kabir ke rage gudun mawus, ya gyara girman saitin harbi, ya canja filin wasa, ya duba ko kwamfuta na ja da baya. Amma da shi kuma ake iya buɗe hanyar maguɗi, mutum ya ratsa bango ko harsashi ya daina kama shi. Da wani ɗan ƙwalisa ya gwada haka aka kusa ba hammata iska a zauren, Kabir ya ɗauki wuƙa ya ɓamɓare ɗan maɓallin nan daga kibod biyar, ya bar nasa kaɗai. Ya ce wasa amana ne, wanda zai ci ya ci da hannunsa.

Su biyun kullum ƙungiya ɗaya suke, suna zaune baya da baya. Ga rurin janareto, ga ihun samari, ba mai jin wani, saboda haka Kabir rubutawa yake yi in yana neman ƙanensa. Zulkiflu kuwa bai taɓa amsawa ba, don kafin ya lalubo haruffa a hargitsattsen kibod an harbe shi. In an tashi Kabir ya yi ta mita: "Kai wane irin mutum ne? In an kira ka, ka amsa mana!"

Ranar wani yawon Salla samarin Tudun Wada suka zo da cika baki. Kafin a fara, Kabir ya sauko da baƙin allo ya ba da umarnin ɗauka, wai don kada gobe su musa. Aka lallasa su. Ba a rufa shekara ba zazzaɓi ya kwantar da Kabir, kwana kaɗan ya cika. Ya bar matarsa Safiyatu da 'yarsu Radiya tana goye. Samarin suka ci gaba da zuwa na ɗan lokaci, daga baya wasa ya koma cikin waya, kowa ya zauna a ɗakin uwarsa yana harbi shi kaɗai. Zulkiflu ya sayar da kwamfutoci biyar, ya lulluɓe ta shida, ya kama gyara.

Radiya a gidan ta girma. Bana ta samu shiga makarantar koyon jinya, ana ta shirin tafiyarta. Wata safiya ta kawo wa baffanta koko, maimakon ta juya sai ta tsaya tana kallon kantar da ke ƙuryar zauren.

"Baffa, Umma ta ce Babana yana cikin waccan."

"Ba shi ba ne. Wasa ne kawai da ya buga."

"Kowa sai ya ce na yi kama da shi. Ni kuwa ɗan hoton fasfo kawai na sani. Ko yadda yake waiwayawa ban sani ba."

Ya gaya mata gaskiya, cewa in aka kunna, mai yiwuwa a gani, mai yiwuwa kuma a rasa shi gaba ɗaya.

"To yanzu da yake lulluɓe, wa ke ganin sa?" in ji ta.

Bakin Kabir ne sak. Zulkiflu ya hau kujera ya sauko da kwamfutar.

Ya hure ƙura, ya canja ɗan batirin ciki, ya yi bisimilla ya danna. Faifan ya yi gurnani, ya yi ƙaf sau ɗaya. Sai kuma ya kama juyi. Amma ga wata matsala: tsohuwar kwamfutar ba ta karɓar kibod na zamani, na Kabir kuwa ya daɗe da lalacewa. Guda ɗaya ya rage a cikin kwali, cikin waɗanda aka ɓamɓare wa maɓalli, ramin yana nan kamar giɓin haƙori. Ya haɗa shi, ya buɗe wasan, amma yatsa ba ya shiga ramin. Ya waiga, ya hango basillar Malam Yari a soke jikin azara, inda take tun zamanin ɗinki. Ya zaro ta da hagu, ya cusa gindinta cikin ramin. Baƙin allo ya sauko.

"Ɗaga wayarki ki ɗauka," ya ce. "Kada ki tsaya."

Ya rubuta umarnin da sunan da Kabir ya ba ɗaukar. Fili ya buɗe, bangwaye masu launin ƙasa, rana tsaka. Ba fuskar Kabir ake gani ba, abin da idonsa ya gani ake gani. Ga shi yana gudu, yana tsalle ba dalili, yana leƙa kwana da sauri kamar mai neman akuya. Radiya ta yi dariya, hawaye na zuba. "Haka yake da gaggawa?"

"Ko a hanyar masallaci."

Kabir ya kai bakin wata ƙofa, abokan wasa duk sun shige. Shi bai shiga ba. Ya tsaya, ya juyo gaba ɗaya yana duban hanyar da ya baro. Can nesa ga wani yana tafe a hankali, yana karo da akwatuna, ashe Zulkiflu ne. Sai da ya iso, sannan Kabir ya wuce. A ƙofa ta gaba ma haka. Zulkiflu bai taɓa ganin wannan ba, don shi a lokacin bayansa ya juya wa yayan nasa.

A ƙofa ta uku Kabir ya waiwaya, hanya wayam, ba kowa. Ya jira. Sai ƙananan haruffa suka fito a ƙasan hoton: Bahago ina kake.

Radiya ta juyo ta dubi baffanta. Bai san tana kallon sa ba. Basillar na hannunsa, idonsa na kan rubutun.

"Ga ni, Yaya," ya ce.