Fiyar da Ta Fi Ƙarfin Kwali

A ƙauyukan Naju, in ka ce Uwar Sangchol, ba wanda zai tambaye ka wacce. Ainihin sunanta Malsun, amma rabon da a kira ta haka har ta manta. Tana da shekara ashirin da ɗaya ta shigo gidan miji, kuma tun kafin ta san inda ake kife tukwane, surukinta ya ja ta gonar fiya ya damƙa mata almakashi.

"Duba nan, 'yata," in ji tsohon. "Wannan curin 'ya'ya takwas ne. Bakwai ƙasa, ɗaya sama. In kika ji tausayinsu, duk takwas ɗin za su tashi a tsumbure."

Haka ta koya, haka ta yi shekara arba'in da bakwai. Idan bazara ta kama sai ta bi reshe reshe tana ragewa, wadda ta bari kuma ta sa mata jakar takarda ta ɗaure, don kada rana ko ƙwaro su taɓa fatarta. Kaka na yi, a yage takarda a ga fiya zagayayya, ruwan zinariya, kamar kan jariri, wadda in ka gatsa sai ruwa ya bi maka gwiwar hannu. Irinta ake nema a Chusok, bikin girbi, ranar da kowane gida ke shirya wa magabatansa teburin abinci. Ba a ɗora wa mamaci ƙaramar fiya. Abin kunya ne, kuma dangi na gani. Saboda haka dillalai kan yi layi a ƙofar Malsun tun bikin da saura, ita kuwa ta yi ta ja musu rai, don mace ce mai son a roƙe ta.

To, zamani riga ne. Gidaje suka ƙanƙance, 'ya'ya suka tare a birni, masu shirya tebur suka ragu. Wa zai sayi fiyar da mutum biyu ba sa iya cinyewa? Farashin manya ya dinga zamewa shekara bayan shekara, yayin da na matsakaita, waɗanda ake lodawa a jirgin ruwa zuwa Amurka da Biyetnam, yake ta hawa. Can ba ruwansu da magabatan kowa. Abin da suke so shi ne wadda za ta cika tafin hannu, ta zauna daidai a gurbinta cikin kwali.

Ɗanta Sangchol, wanda ya dawo daga birni bayan rasuwar ubansa, shi ya shiga ƙungiyar manoma masu fitarwa waje. Ranar da ya sa hannu, ya zaunar da ita ya yi mata magana ba ɓoye-ɓoye.

"Inna, bana ce ta ƙarshe. In ba mu cika kwalayen da na yi alkawari ba, zan ba masu sola hayar filin, a tumɓuke bishiyoyin. Inda kike barin ɗaya, ki bar biyu. Shi ke nan abin da nake roƙo."

"Kai za ka koya mini ragi? Ina riƙe da almakashi kana zuba mini fitsari a baya."

"Na sani, Inna. Biyu dai."

Ta ce ta ji, kuma har ga zuciyarta ta ji ɗin. Sashen tudu tare suka yi, yana gefenta, tana barin biyu tana tsaki. Sai aka kira shi taron ƙungiya na kwana uku, ya bar ta da sashen gangare ita da ƙawarta Bongnye, wadda suka tsufa tare a kan tsani ɗaya. Hira ta yi daɗi, ana tuna waɗanda suka mutu ana caccakar waɗanda ke raye.

"Ke fa mogwa ce," in ji Bongnye, tana nuna tsohuwar bishiyar da ke bakin shinge, mai 'ya'ya gurɗa-gurɗa masu tauri. "Ba kyan gani, ba a iya cizonki, ko jirgi ba ya ɗaukar irinki."

"Amma a ajiye ni a ɗaki, wata uku ƙamshi bai fita ba. Ke fa, me kike bari in ba surutu ba?"

Baki na hira, hannu na aikin da ya saba. Bakwai ƙasa, ɗaya sama. Ko Malsun ta lura? Ita kanta da aka tambaye ta daga baya ba ta iya rantsuwa ba. Abin da ya tabbata shi ne sun sa takarda sun ɗaure, kuma takarda ta rufa asiri har wata huɗu.

Ana saura mako biyu Chusok jakunkunan gangare suka fara yagewa da kansu. Sangchol ya kai lodin farko wurin tantancewa, inji ya dinga ture su gefe ɗaya bayan ɗaya, don sun wuce awo. Mai kula da wurin ya ɗauki guda ya juya ta a hannu, ya ce rabonsa da ganin irinta tun yana yaro, sannan ya mayar da ita kwandon waɗanda aka ƙi. Rabin gona ke nan ta faɗa kasuwar gida, inda aka saye ta kamar ana yi musu alfarma.

Sangchol bai yi faɗa ba, kuma hakan ya fi yi mata ciwo. Kunya ta kama ta irin wadda ba ta taɓa ji ba, ga kuma wani baƙin ciki daban: abin da ta fi iyawa a duniya shi ne ya zama laifinta.

Da safiyar Chusok ta shirya wa mijinta tebur, ta jera manyan fiya uku, ta sare kan kowacce kaɗan yadda ake yi. Ɗan ya durƙusa gaban teburin ya gaida marigayi ubansa. Bayan an ci abinci ya ce ta zo su zaga gona.

Bishiyoyin gangare duk an ɗaura musu jan ƙyalle, alamar masu sarewa. Tudun dai ya ce zai riƙe, tunda ya yi abin da ake so. Malsun ta bi layin tana taɓa kowacce, har ta iso ta ƙarshe, tsohuwar bishiyar da surukinta ya fara koya mata ragi a kai. Ita ba ƙyalle a jikinta.

"Ka manta wannan," ta ce.

"Ban manta ba."

"To bishiya ɗaya a tsakiyar ƙarafan sola, me za ta tsinana maka? Ko kwali ɗaya ba za su karɓa ba."

Sai ya ce mata:

"Ba ta kwali ba ce. In bazara ta zo, ki tsaya a kaina ki nuna mini yadda kike yi. Ranar da zan shirya miki naki teburin, Inna, ba zan ɗora miki ƙarama ba."