Ƙwai a Hular Kwano

A tashar Ambursa akwai wani ɗan kabu-kabu da nake ji ana kira Tamba. Kansa a aske yake ƙwal, ƙeya ta yi tudu, goshi na sheƙi kamar bayan sabuwar ƙwarya. Yana da hular kwano, amma a hannun babur take rataye, cike da ƙwan zabi cikin ƙaiƙayin shinkafa.

Na ce, "Samari, ba a ka ake sa wannan hular ba?"

"Baba, ƙwai ka hwashewa. Kai ko ƙashi gare shi."

Yana magana yana sosa wani tsohon ɗinki a bayan kunnensa. Ga alama a gida akwai wadda yake tsoro fiye da kwalta.