Karaya Huɗu a Jikin Safiya

Inna Kande maɗoriya ce a Zermu, wajen ubanta ta gaji ɗori. Katanga ɗaya ta raba mu, shekara ashirin ina jin ihun masu karaya, ban taɓa jin ta tambayi wani yadda aka yi ba. Ta ja, ta tofa, ta jera karan dawa, ta ɗaure, ta sallame ka. Ubanta ne ya hore ta haka, wai in tana tambaya mutane za su daina zuwa, su ruɓe a ɗaka.

Sau huɗu Safiya matar Tanimu tana shigowa wurinta. Hannun hagu sau biyu, haƙarƙari, sai ƙashin wuya. Kullum wai jaki ne ya kayar da ita. Jakin lafiya? Gidansu ko akuya babu, kowa ya sani, har ni mai surutun nan. Muka yi gum.

Ran nan da hantsi Tanimu ya yi kan Safiya da ƙotar gatari, ita kuma taɓarya ce a hannunta. Bugu ɗaya ta yi masa. Kafin a kai shi likita ya cika, jandarmomi suka tafi da ita Damagaram.

A gaban shari'a surukanta na zaune reras. Yarinyar da ko sunan mijinta ba ta faɗa, ita ce za ta tona shi a gaban uwarsa? Ta sunkuyar da kai, ta ce ita ta buge shi, ba ta ambaci dukan da yake mata ba. Dangin miji suka ce da ma ta ƙulla. Aka yanke mata rai-da-rai.

Daga ranar Inna Kande ta fara ramewa. Tana ɗori, amma ta daina yi wa majinyata tsiya.

Bayan shekara uku wata avoka, wato lauya, mai suna Rahina ta ɗaukaka ƙarar. Ta sa an ɗauki hoton ƙasusuwan Safiya, tsofaffin karaya sun fito, sai dai dangin Tanimu sun ce tun yarinta ne. Ta zo har Zermu neman shaida. Inna Kande ta yi kwana biyu tana cewa ita ba ta shiga kotu. Na ce mata, "Inna, ke kika ɗora ta kika mayar masa sau huɗu. Ni ma zan raka ki, don ban fi ki gaskiya ba." Ta zage ni tas, da safe ta riga ni hawa mota.

A kotu ba a nuna mata hoton ba. Ta kama hannun Safiya ta runtse ido, tana latsawa har haƙarƙari da wuya, tana faɗa: wannan shekarar fara, wannan watan azumi, wannan bayan girbin gyaɗa, wannan da hunturu. Ta ce wanda ya faɗi gwiwar hannu ko tsintsiyar hannu yake dafawa, amma karayar tsakiyar hannu ta mai kare kansa ce. Lokotoron asibiti da ya ɗauki hoton ya gaskata ta.

Alƙali ya tambaye ta me ya sa ba ta faɗa ba tun farko.

"Ranka ya daɗe, ba a tambaye ni ba. Ni ma ban tambaye ta ba."

Aka mayar da hukuncin shekara biyar, ta riga ta ci huɗu da rabi a gidan kaso, har da zaman jiran shari'a. Na ɗaga hannu na gode wa Allah. Inna Kande kuwa tuwon da ta ci ran nan sai da na ji kunya.

Safiya ta fito bayan kaka, tana wurin yayarta a Mirriya.

Jiya na ji an shigo da wata mata ta riƙe kafaɗa, wai santsi ne ya kwashe ta a bakin rijiya. Inna Kande ta kori mijin waje, ta saki labule. Ta katanga na ji muryarta ƙasa-ƙasa.

"'Yar nan, rijiyarku ta ƙafe tun bara. Wa ya yi maki?"