Takardar Yayana da Aka Soke

A zauren gidanmu na Jugu mahaifinmu ya koya mana cewa ba a ɗora alƙalami a kan takarda sai an fara da bisimilla. Ni na tsaya a allo da ajami da fataucin goro. Yayana kuwa an kai shi lekol, makarantar boko, ya iya Faransanci, ya samu aikin gwamnati a Paraku, ma'aikatar dabbobi. Shi ke duba shanu a kara, shi ke buga wa nama hatimi a mayanka. Fulani da mahauta duk sun yarda da idonsa.

Bayan tafiyar Turawa da 'yan shekaru aka buɗe jarrabawar ƙarin girma, wadda suke kira konkur. Wata uku yana karatu. Na kawo goro Paraku, na sauka gidansa a unguwar Gema, sai zuwana ya dace da ranar da aka liƙa sakamako. Babu sunansa. Wani akawu ya raɗa masa cewa makinsa ya fi na kowa, amma an soke takardar. A dokarsu ana naɗe kusurwar da sunan mutum yake a liƙe ta, don kada mai dubawa ya gane mai ita, kuma kowace alama a jikin takarda laifi ce. Shi kuwa ya rubuta bisimilla a saman shafin farko, da yake hannunsa ya saba, bai ma tuna ya rubuta ba. Wai ita ce alamar maguɗi. Mai tsaron jarrabawar yana tsaye a kansa ya gani, bai ce uffan ba, kuma ba wanda ya karanta musu wannan doka.

Na ce, "Yaya, kai ƙara. Gobe-gobe."

Ya ce sai Baba ya ji. Baba ya zo daga Jugu, ya ji, ya girgiza kai.

"Ba a kai babba kotu kafin a gaishe shi. Mu ba haka muka tashi ba."

Sai aka haɗa dattawa: Baba, limamin unguwa da sarkin fawa, ni ina biye da ƙwaryar goro. Shugaban ma'aikatar ya tarbe mu har bakin ƙofa, ya ba Baba kujerarsa.

"Alhaji, ai ɗanka ɗana ne. Na rubuta wa manya a Kwatano. Ku dawo bayan Juma'a."

Muka dawo bayan Juma'a, ya ce amsa na hanya. Muka sake dawowa. A zuwa na huɗu sarkin fawa ya ce, "Ranka ya daɗe, wannan takarda a kan jaki aka ɗoro ta? Da bijimi na kora daga nan da ƙafa ma, da ya isa Kwatano ya dawo." Mutumin ya yi dariya har da buga tebur, ya zaɓi farin goro ya ɓare. Har yau in na tuna dariyar nan sai na yi istigfari, don abin da ke zuwa bakina ba mai kyau ba ne. Ya san abin da yake yi. Tsofaffi uku ya riƙa zaunarwa yana cinye mana kwanaki.

Da Baba ya gaji ya ce to a je, muka sami lauya. Ya tambayi ranar da aka liƙa sakamako, ya dubi kalanda, ya ajiye alƙalami.

"Wata biyu doka ta ba ku. Kun wuce da kwana tara. Ina kuka tsaya?"

Baba ya sunkuyar da kai. Ban taɓa ganinsa haka ba.

Duk da haka aka shigar da ƙarar, ko Allah zai sa a duba. Fiye da shekara muna jira. Da hukunci ya iso, yayana ya karanta mana shi yana fassarawa, layi kaɗan ne: an kori ƙara saboda ta makara. Ba su buɗe takardar jarrabawar ba, balle su ce ya yi maguɗi ko bai yi ba. Kafin a sake buɗe wani konkur shekarunsa sun wuce ƙa'ida. Wanda aka ba muƙamin, yayana ne ya koya masa duba haƙoran shanu. A ƙarƙashin wannan mutumin yayana ya ƙarasa aiki har ya yi ritaya.