Ruwan da Alhaji ya kasa sha

Jiya ina gidan Inna Hadiza, maƙwabciyata a unguwar Akokan, sai ga mai gidan da take haya. Tun bara take kai masa kuka: tiyon pampo ya fashe kusa da ramin masai, jikokinta kullum zawo.

Ta ɗebo masa ruwan pampon kamar kowane baƙo. Har ya kai kofin baki, wari ya buge shi, ya ajiye.

"Azumi nake, Inna," in ji shi.

Ta ce, "Allah ya karɓa, Alhaji. Su yaran nan ba su isa azumi ba."

Wallahi maganar ta tsaya mini a rai. Jama'a, ruwan da ka kasa kurɓa, 'ya'yan wa ka bar wa?