Disket ɗin da Babaji Ya Kawo

Duk wanda ya taɓa loda shanu daga Potiskum zuwa kudu a wajejen 1997 ya san Fanne, ko da bai san sunanta ba. Mai buga takarda suke ce mata. Shagonta yana bakin titi, ba nisa da kara, wato kasuwar shanu, ɗaki ɗaya ne da fanka da benci biyu, sai kwamfuta guda wadda ake lulluɓewa da zani idan an tashi aiki.

'Yar garin Mamudo ce. Ubanta masinja ne a wani ofis, kuma tun tana yarinya in ta kai masa abinci takan tsaya kallon hannun masu buga tafireta har tuwon ya huce. Da ta gama sakandare ta koyi aikin, ta yi shekara shida tana buga wa mutane wasiƙu kafin ta yi aure. Mace ce marar yawan magana, mai saurin hannu, ba ta kuma ɗaga wa kuskure ƙafa. In ka kawo mata takarda da rubutu kamar tonon kaza, a gaban jama'a za ta karanta maka shi da ƙarfi, ka gyara da bakinka.

Mijinta Almustapha Bafulatanin gari ne, ƙanin Babaji dillalin shanu. Tun yana saurayi aka gane ba shi da rabo a sanda da igiya, don haka Babaji ya gaji da faɗa ya sayo masa kwamfuta daga Kano, ya ce ga tasa saniyar nan, ya yi kiwonta. Aiki ya rabu da kansa. Fanne ce mai bugu, Almustapha kuma shi ne mai lallashin firinta da janareto. In rana ta take bayan azahar, kasuwa ta yi sanyi, sai ya ja kujera ya buɗe wasansa. Wasan bulo ne: gutsattsarin bulo masu launi suna faɗowa daga sama, mutum yana jera su kafin su cika gilashin kwamfutar. In ya yi ci mai yawa sai na'urar ta nemi suna, ta sa shi a jerin gwanaye goma.

Shekara huɗu suna tare, Fanne ba ta taɓa jin sunanta a bakin mutumin nan ba. Kunyar gidansu ce. "Ke" yake cewa, in kuma da mutane sai ya ce "masu shagon". Ta saba har ta daina lura. Wata rana ya fita masallaci ya bar wasan a buɗe, ta zo za ta buga takarda, sai ga jerin gwanayen a gabanta. FANNE a layin farko, FANNE a na biyu, haka har na goma. Ita kuwa ko sau ɗaya ba ta taɓa wasan ba. Ta zauna ta ƙura masa ido har ta ji takunsa, sannan ta rufe da sauri. Ba ta ce masa ta gani ba, shi ma bai tambaya ba. Amma daga ranar, duk lokacin da ta ji ya tsaya da wasa yana danna haruffa biyar da yatsa ɗaya, sai ta sunkuyar da kai tana gyara takardun da ba su bukatar gyara.

A watan Fabrairun 1998 ya tafi gaisuwa Gadaka, tayar motarsu ta fashe a hanya. Kafin la'asar an kai shi makwancinsa. Bai bar ɗa ba, bai bar wasiƙa ba, hotonsa ma guda ne, na katin shaida. Abin da ya taɓa rubuta mata a duniya yana cikin kwamfutar nan.

Fanne ta shiga takaba, wata huɗu da kwana goma. Goggo Basira, ƙanwar uban marigayin, ta tare a gidan don taya ta zama, kuma zaman nata na tsaro ne: tabarmarta a bakin ƙofa take. Shago kuwa Babaji ya samo wani tsohon akawu ya riƙe shi.

Kwana hamsin da 'yan kai da rasuwar, Babaji ya yi sallama da hantsi ya tsaya a zaure. Fanne ta zo bayan ƙyaure ta durƙusa, don wan miji ne, ko ba takaba ba su haɗa ido. Bayan gaisuwa ya yi gyaran murya.

"Abin nan naku ba shi da lafiya. Da safe sai an yi ta jira kafin ya farka. Kuma yana wani kuka daga ciki, ƙas, ƙas, ƙas. Na kira Abatcha ya duba."

Abatcha shi ne mai gyaran da ke zuwa daga Maiduguri wata-wata.

"Me ya ce, Hamma?" in ji Fanne. Haka take kiran wan mijin nata.

"Wai babban faifan da ke cikinsa ne ke mutuwa. Ni dai abin da na sani, dabbar da ta fara irin wannan ba a jira ta faɗi. Tun tana tsaye ake rabuwa da ita. Na ce ya kawo sabuwa. Ran Laraba ta sama zai zo, ya kwashe muku takardunku, ya share tsohuwar ya tafi da ita."

Kwana tara ke nan. Ita kuwa saura mata fiye da wata biyu. Da Babaji ya tafi ta je ta zauna kusa da Goggo, ta roƙe ta a bar ta ta leƙa shago, awa ɗaya tak, da lulluɓi, akwai abin da za ta ɗauko. Goggo ta ajiye carbinta ta dube ta sama da ƙasa.

"Mene ne abin?"

Ta yaya Fanne za ta ce wasa ne?

"Ƙasar kabarinsa ba ta gama bushewa ba, a gan ki a bakin kara cikin maza? Ba ina gidan nan ba. In abu ne a aika a ɗauko."

Kwana uku tana juya maganar. Hanya mai sauƙi tana nan, kowa ya gan ta: a gaya wa Abatcha. Amma Abatcha mutum ne mai raha, wanda ba ya gyara na'ura sai ya tara 'yan kallo. Zai buɗe wasan, ya ga jerin, ya kira mutane su gani. Kafin magariba duk kara ta san abin da Almustapha ya ɓoye shekara huɗu, ana dariya ana cewa ashe haka salihin yake. Da ta tuna wannan sai ta fasa. Babaji kuwa ba ya karanta boko, ko ya gani bai san me ya gani ba.

Ta ɗauko takarda ta zana wa Babaji komai. Ga ramin da ake sa disket, ɗan faifan nan na ɗaukar bayanai. Ga hoton wasan a gilashi, bulo ja da shuɗi. A ɗora kibiya a kansa, a danne, a ja shi zuwa hoton disket, a saki. Haka take yi wa wasiƙun mutane kullum, bai taɓa ƙi ba. Wasa dai ba ta taɓa ɗaukewa ba, amma me ya raba shi da wasiƙa?

"Wasan da marigayi yake yi ne," ta ce ta bayan ƙyaure. "Ina so ya zo sabuwar. Kai nake so ka yi da hannunka, Hamma. Kada a sa Abatcha."

Babaji ya juya takardar a hannunsa. Mutum ne da ke kayar da bijimi, amma bai taɓa yarda ya taɓa na'urar nan ba.

"Na ƙanina ne?" ya ce. "To, zan yi."

Ran Talata bayan la'asar ya dawo cike da murna. Ya ciro disket ɗin daga cikin hularsa, a naɗe cikin hankici, ya tura ta ƙarƙashin ƙyaure.

"An gama. Sau uku linzamin na'urar nan yana kufce mini, a na huɗu na kama shi. Kafin in ƙifta ido ya shige."

Fanne ta riƙe disket ɗin. "Kafin ka ƙifta ido? Bai yi gurnani ba? 'Yar fitilar ramin ba ta daɗe a kunne ba?"

"Ɗan ƙis ya yi, shi ke nan. Na sa akawu ya buɗe mini, na gan shi a ciki da idona, ja da shuɗi. Ni da nake gane saniyata cikin dubu, wannan zai ɓace mini?"

Wasiƙa mai shafi biyu ma takan sa ramin nan ya yi ta ƙara kafin ya gama. Wannan ta sani sarai. Gobe Laraba. Har ta buɗe baki za ta ce a dakatar da Abatcha, ko a gaya masa kawai, komai zai faru ya faru. Sai ta ji Babaji yana cewa a hankali, kamar da kansa yake, wannan ne abu na farko da ya yi wa yaron nan tun da suka binne shi. Daga tsakar gida Goggo ta yi tari, alamar zancen ya yi tsawo.

"Allah Ya saka da alheri, Hamma," in ji Fanne.

Ta sa disket ɗin cikin kwalla a ƙarƙashin zannuwa. Zafin bazara ya yi zafinsa, hadari ya yi ta haɗuwa yana watsewa, daga baya ruwa ya sauka. Kusan kullum in Goggo ta shiga wanka sai ta ɗauko shi ta juya, ta ja ƙarfen bakinsa ta leƙa baƙin faifan da ke ciki, kamar ido zai iya gaya mata wani abu. Tsoro take ji, tsoro sosai, kuma ba wanda za ta faɗa wa. Wani lokaci ta ce wa kanta ai Hamma ya gani da idonsa. Wani lokaci kalmar nan ta "ɗan ƙis" ta hana ta cin abinci.

Ta fita takaba a ƙarshen Yuni. Aka yi sadaka, aka yi addu'a, ran Laraba da safe ta nufi shago. Sabuwar kwamfutar fara ce tas, ba ta ko numfashi. Abatcha yana nan yana duba firinta. Ya yi mata gaisuwa, ya matsa mata.

Ta sa disket. Hoton ya fito, ja da shuɗi, da wata 'yar lanƙwasasshiyar kibiya a gefensa wadda ba ta taɓa kula da ita ba. Ta danna. Na'urar ta ɗan yi lalube, sannan ta ce ba ta sami abin da ake nema ba. Ta sake dannawa. Ta sake.

Abatcha ya leƙo ta kafaɗarta. "Ayya, Hajiya, wa ya yi miki wannan? Ai allon shago kawai aka ciro, shagon yana can inda yake. Wannan hoton nuni ne, ba wasan ba ne."

"Ina tsohon faifan?"

"Na share shi ran da na ɗauka. Ko mako bai ƙara ba ya mutu gaba ɗaya, na jefar." Ya yi dariya. "Wasan bulo ne? Ai ina da shi a jaka. Bari ki gani."

Kafin ta hana shi ya sa nasa, ya danna nan ya danna can, sai ga bulo suna faɗowa. Ya buɗe jerin gwanaye don ya nuna mata komai daidai yake. Layi goma, duk fayau.

"Ko akwai wani abu a na da ɗin?" ya ce, da ya ga fuskarta. "Da an gaya mini ai aikin minti biyar ne. Disket ɗaya ya ishe shi, har da sunayen."

A daidai lokacin Babaji ya yi sallama, ƙafafunsa duk taɓon kara. Ya tsaya daga bakin ƙofa kamar yadda ya saba. Da ya hango bulon suna sauka a gilashi sai ya cire hula ya share fuska da ita, ya daɗe yana sharewa.

"Shi ne ko?" ya ce. "Ya iso lafiya? Ba abin da ya ragu?"

Abatcha ya buɗe baki, Fanne ta riga shi.

"Ya iso, Hamma. Ba abin da ya ragu."

"Alhamdu lillahi," in ji Babaji. Ya juya ya kira dillalan da ke jira a waje, ya ce su shigo, mai buga takarda ta dawo.