Jan Tabo a Farin Wando

Rainon ɗa namiji a Landan wahala ce, kada wani ya gaya muku wani abu daban. A lokacin ina tuƙin minicab, wato tasi, muna zaune a flat ɗin council, gidajen haya na hukuma, a unguwar Barking, ni da maiɗakina da yara. Karatuna bai wuce firamare ba, amma ina da kunne, kuma ba abin da fasinja ba sa faɗa a bayan mota: ɗan wane ya shiga gang na 'yan daba, an soki ɗan wane da wuƙa a tashar bas. Da wannan nake kwana, da shi nake tashi.

Babban ɗana yana sakandare ya ce wai ya fara wasan kurket. Ni ƙwallon ƙafa na sani. Sai ga yaro yana fita ran Asabar da sassafe da ƙatuwar jaka, ba ya dawowa sai gab da magariba. In na tambaye shi wa ya ci, sai ya amsa min da Turanci wai canjaras aka yi. Wane irin wasa ne za a wuni ana yi a tashi babu wanda ya ci? Na buɗe jakar a bayan idonsa, na tarar da faskaren katako, da hular kwano, da abin ɗaurawa a ƙwauri, kamar mai shirin fita faɗa. Ga wani dattijo ɗan Pakistan da ke zuwa ɗaukarsa a mota, wai koci. Tun ranar farko ban yarda da shi ba. Me dattijo yake nema wajen ɗan mutane, har da ba shi takalmi kyauta?

Abin da ya ƙarasa ni shi ne wandon. Fari ne tas, amma kullum sai ya dawo da jan tabo a cinyar dama, wuri ɗaya. Uwarsa ta ce Malam, ka tambaye shi mana. Na ce mata mai goge jini a wando ba ya gaya wa ubansa gaskiya. Shi kuma da ya ce Abba, ƙwallo ce fa, na ce ya rufe min baki, ƙwallo ba ta zubar da jini.

Ana haka aka kira shi gwaji, inda ake zaɓen yaran da za su buga wa yankinmu gaba ɗaya, sau ɗaya a shekara. Ranar na jefa jakar a but ɗin motata, na kulle, na tafi aiki. Uwarsa ta kira ni tana kuka, na kashe wayar. Yaron bai yi min rashin kunya ba. Hira kawai ya daina yi da ni, sai gaisuwa.

Da Asabar ta zagayo na tafi filin da kaina, niyyata in ci wa dattijon mutunci a gaban jama'a. Ina tsaye bakin shinge sai na ga wani yaro Bature ya karɓi jar ƙwallo, ya goga ta a cinyarsa da ƙarfi, ya sheƙo a guje ya jefa. Na bayansa ma haka. Duk mai jifa a filin nan da jan tabo a wandonsa. Dattijon ya hango ni, ya zo ya yi min sallama, ya ce Alhaji, gefe ɗaya suke gogewa ya yi sheƙi don ƙwallon ta karkace a iska, kuma a duk yaran da ya koyar babu mai karkata ta kamar ɗana. Ya ce ya roƙi masu zaɓen sun ƙi, gwaji sai baɗi.

Yau yaron yana buga wa yankin, amma shekara guda ya rasa, sa'o'insa suka wuce shi, kuma ni na cinye masa ita. Tsoron gang gaskiya ne, ban ce ku daina ba. Amma iyaye 'yan'uwana, in zargi ya kama ku, ku taka ku je ku gani kafin ku yanke hukunci. Na kai fasinja kowane lungu na garin nan, filin da ɗana yake wuni ne kaɗai ban taɓa leƙawa ba.

Washegarin ranar da na je filin ban fita aiki ba. Na ciro jakar daga but, na ajiye ta a ƙofar ɗakinsa, na ƙwanƙwasa, na ce ya sa wandon, ina jiran sa a mota.